Kwana biyu a gidan Sistoci, can bayan Sumaila

Satin da ya wuce na dawo daga wani ƙauye da ke can bayan Sumaila, har yau abin yana ta yi min yawo a rai shi yasa nace bari in zauna in rubuta tun bai fara gogewa ba. Ƙawata naje gani, wadda muka yi makarantar koyon aikin jinya tare, ɗaki ɗaya shekara uku, ni a gadon ƙasa ita a na sama. Bahaushiya ce gaba da baya, 'yar gidan Maguzawan da suka shiga addinin Kirista tun zamanin kakanta, 'yan Katolika ne, ni kuma Musulma haifaffiyar cikin birni. Da muka gama ni nayi aure ita kuma ta shiga zaman Sista, irin matan nan masu zaman zuhudu da basa aure, shekara goma sha huɗu rabon da in sa ta a ido sai dai waya jefi-jefi, to bana sai aka turo ta wani ɗan ƙaramin asibitin cocinsu a ƙauyen nan, tana gaya min nace ai kuwa tunda kin shigo jiharmu sai nazo.

Maigida ya amince da sharaɗin in tafi da autanmu. Ana jibi tafiya na shiga Kantin Kwari na sayo turmin atamfa mai kyau na naira dubu talatin da biyar, na haɗa da turaren wuta da humra, na soya cincin da dubulan cike da bokiti, na sa dubu ashirin a ambulan, dan a tarbiyyar gidanmu ba a zuwa wa mutum hannu rabbana balle wanda aka daɗe ba a gani ba.

Ranar Juma'a ƙarfe bakwai muna tashar Unguwa Uku, dubu biyu da ɗari biyar kowane mutum zuwa Sumaila, huɗu a baya biyu a gaba, bokitin cincin a cinyata. Daga Mariri zuwa Wudil mun wuce shinge uku, a biyu hannu kawai aka ɗaga mana, a na ukun aka sa direba ya buɗe but aka ɗaɗɗaga buhunan da ke ciki sannan aka sallame mu. Abin da bamu lissafa ba ashe ranar kasuwar Wudil ce, tun kafin gada muka tarar da cunkoso, tireloli maƙare da shanu, 'yan kamasho na ta ihu, masu tallan soyayyen kifi da rake da awara sun yanyame motoci, mun kusa awa ɗaya kafin mu tsallake. A nan muka karya da kifin dubu ɗaya da ruwan leda. Daga Wudil zuwa Sumaila babu wani abin faɗa, barci ma na ɗan yi.

A Sumaila muka ɗauki acaɓa biyu dubu biyu-biyu, ina faɗin sunan ƙauyen wanda ya ɗauko ni yace "Hajiya gidan Sista za ki? Ai a can matata ta haifi yaronmu na biyu." Musulmi ne da tabon sallarsa a goshi. Muna tafe yana ba ni labari iska na kwashe rabi, abin da na riƙe shi ne da yace matan nan da kike gani ko kaza babu wadda zata nuna tace tata ce, amma ƙarfe biyun dare in ka buga ƙofa zasu buɗe. Hanyar burji ce da farko daga baya ta koma turba tsakanin gonaki, dawa ta nuna ana ta yanka, gyaɗa a shanye a kan fako, ƙurar farkon hunturu ta mayar da hijabina ja, sau biyu muna sauka a bakin rafi saboda yashi mu taka da ƙafa su kuma su tura baburan, kusan minti hamsin kafin mu hango rufin kwanon coci a bayan wata ƙatuwar kuka.

Tana tsaye a ƙofar asibitin, ta rame ta yi duhu amma dariyarta na nan yadda na santa, muka rungume juna muna kuka mata 'yan awo suna kallonmu. Autanmu mai acaɓan ya wuce da shi masallacin Juma'a a garin gaba, daga baya aka sauke shi a gidan katikis, wato malamin da yake jan ragamar cocin in Fada, limamin Katolika, baya nan. Ni kuma kafin ma in tambaya ta kawo min buta da tabarma ta nuna min gabas, bata manta ba tun muna makaranta ita ke tashina asuba in na makara.

Su huɗu ne a gidan, ƙawata, da wata 'yar Filato, da wata 'yar kudancin Kaduna, sai babbarsu wata dattijuwa Ibo da ta fi shekara talatin a Arewa Hausa a bakinta har da karin magana, kowa Sista Babba yake ce mata. Da ƙawata ta buɗe min ɗakinta sai na tsaya a bakin ƙofa na kasa shiga, gadon ƙarfe da siririyar katifa da gidan sauro, tebur da kujera, gicciye a bango, carbinta a rataye, akwati ɗaya a ƙarƙashin gado, rigunan Sista guda uku a jikin ƙusa, takalmi ƙafa biyu, shikenan wallahi. Mu da muka tashi a inda ake auna darajar mace da ɗakinta, uwa ta fara tara wa 'yarta kwanuka tun tana firamare, uba ya sayar da fili dan gado da kujeru, a zo ganin jere ana ƙirga akwatunan lefe ana ɗaga zannuwa ɗaya bayan ɗaya, ni kaina lokacin aurena sai da mahaifina ya ci bashin da ya shekara biyu yana biya, sai gashi mace mai shekara arba'in saura kaɗan, ma'aikaciyar jinya da ta fi ni ƙoƙari a aji, duk abin da ke ɗakinta acaɓa ɗaya zai kwashe.

Da la'asar na fito mata da tsaraba. Ta buɗe atamfar ta shafa ta tace kai wannan kala ta yi kyau, kin tuna ina son shuɗi, ta shinshina humra ta lumshe ido, sannan ta tattara komai har ambulan ɗin tace in zo mu je. Gaban Sista Babba ta kai ta ajiye tace ga abin da ƙawata ta kawo. Dattijuwar tayi godiya sosai ta sa min albarka, ta ɗauko wani littafi ta rubuta kuɗin a asusun gida, cincin tace a kai ɗakin cin abinci a ɗibar wa yaran makwabta, turaren wuta a riƙa sawa a ɗakin masu jego, atamfa kuma a sa a kabad sai Kirsimeti a ga wanda ya fi bukata. Gaskiya raina ya sosu ba kaɗan ba, dan ita na saya wa ba wani ba, na zagaya layi uku a Kwari ina neman shuɗin nan, nayi shiru ne kawai saboda kunyar dattijuwar.

Bayan mun ci tuwon dawa miyar kuka da ɗan wake a ciki, sun shiga ɗan ɗakin addu'arsu ni kuma nayi isha'i, sai muka shimfiɗa tabarma a tsakar gida mu biyu, sola ta ɗauke sai farin wata. Nace mata ƙawata kin san kin ɓata min rai, tace na sani, na gani a fuskarki. Tace ranar da ta ɗauki alkawari na har abada, bayan shekaru ana gwada ta ana sabunta na wucin gadi, abu uku ta ɗauka a gaban Allah da jama'a, talauci da rashin aure da biyayya, kuma talaucin ba wai yunwa ko tsumma ake nufi ba, ma'anarsa ta daina cewa "nawa", albashinta asusun gida yake shiga bata ma ganinsa, wayar hannunta ta gida ce in an canza mata wurin aiki za a iya cewa ta bar ta, ko man shafawa ne ya ƙare sai ta faɗa a ba ta. Nace to daga ina kuka samo wannan, tace daga bakin Yesu, a Linjilar Matiyu sura 19 wani saurayi mai dukiya ya tambaye shi me ya rage masa, yace in kana so ka zama cikakke je ka sayar da abin da ka mallaka ka ba matalauta sannan ka zo ka bi ni, saurayin ya tafi yana baƙin ciki, a nan ne Yesu yace ya fi sauƙi raƙumi ya bi ta kafar allura da mai dukiya ya shiga mulkin Allah. Nace ikon Allah, mu ma raƙumi da kafar allura yana cikin Suratul A'araf, sai dai a kan masu girman kai da ƙaryata ayoyi aka yi maganar. Ta ƙara da cewa a littafin Ayyukan Manzanni na cikin Baibul sura 4 an faɗa cewa Kiristocin farko a Urushalima babu mai cewa abinsa nasa ne, komai a haɗe ake raba wa kowa gwargwadon bukatarsa, to gidansu ƙoƙarin kwaikwayon wannan ne.

Sai na tambaye ta abin da ya fi mata wuya, ina zaton zata ce rashin 'ya'ya. Tayi shiru ta daɗe sannan tace Inna. Sa guda babanta ya sayar ya biya mata makarantar jinya, duk gidan ita aka zuba wa ido, da ta ce zata shiga Sista innarta wata uku bata yi mata magana ba. Lokacin da baban ya kwanta ciwon ajali bata da ko sisi nata da zata tura, sai da taje ta roƙa, an ba ta kuma an bar ta taje tayi jinyarsa, amma tace tsayuwar nan a gaban wata kina neman izinin taimakon mahaifinki ita ce ranar da ta san me ta ɗauka. Har yau in taje gida ƙannenta maza da suke noma su ne masu sa wa Inna cefane, ita sai dai ta kai mata magani da addu'a. Ni da na san yadda ɗiya mace take ji ranar da ta fara ɗaukar albashi ta kai wa uwarta turmin zane, a nan ne fushin atamfata ya sauka, na riƙe hannunta muka yi shiru.

Wajen ƙarfe ɗaya na dare aka buga ƙofa, mai naƙuda aka kawo a amalanken shanu tun la'asar take fama, na ɗaura zane na bi su dan aikina ne nima, da fitilar waya da ta caji muka karɓi haihuwar, namiji, Allah ya sauke ta lafiya gab da asuba. Babu wanda ya tambayi mijin kuɗin kati, da gari ya waye shi da kansa ya dawo da zakara ɗaya da kwano biyu na gero, Sista Babba ta rubuta a littafin nan dai da ta rubuta dubu ashirin ɗina.

Muna shan kunun tsamiya da ƙosai na tambayi Sista Babba wani hoto da ke bangon ɗakin cin abinci, wani mutum mai riga ruwan ƙasa ya ɗaure ƙugu da igiya yana gaban wani sarki mai rawani. Tace 'yata wannan Faransis ne na garin Asisi a Italiya, ɗan babban ɗan kasuwar yadi, kamar dai a ce ɗan wani Alhaji mai shaguna a Kwari, babansa ya kai shi ƙara gaban Bishof saboda yana rabar da dukiya, shi kuma ya tuɓe kayan jikinsa ya miƙa wa uban ya fita, mabiyansa na farko ko kuɗi an hana su karɓa sai dai su yi aiki ko su yi bara, mai rawanin kuma Sarkin Masar ne Alkamil, a 1219 ana tsakiyar yaƙi tsakanin Kiristocin Turai da Musulmi Faransis ya tsallaka sansaninsa a Dimyat, sarkin ya karɓe shi ya sallame shi lafiya. Tace amma a Afirka abin ya fara ƙarfi tun kafin Turai, Antoni na Masar yana saurayi ya ji an karanta ayar nan ta Matiyu a coci ya rabar da gonakin gadonsa ya shiga hamada har ya rasu a 356, Agustin kuma na ƙasar da yau ake kira Aljeriya shi ya rubuta wa 'yan gidansa ƙa'idar kada kowa ya kira wani abu nasa. Da ta zo kan Fada Tansi kuwa sai fuskarta ta washe dan ɗan ƙasarsu ne, ya bar aikin Fada a yankin Anaca ya tafi gidan zuhudu a Ingila a 1950 ya rasu a can a 1964, Paparoma Jon Pol na biyu ya ɗaukaka shi zuwa matakin da ke dab da na waliyyai da ya zo Najeriya a 1998.

Abin da ya burge ni da matar nan bata ɓoye inda aka yi rigima ba. Tace bayan rasuwar Faransis a 1226 mabiyansa sun rabu, wasu sun ce sai talauci tsantsa wasu sun ce ai dole a yi gidaje da makarantu, rigimar ta kai har Paparoma Yohanna na 22 ya yanke hukunci a 1323 cewa kuskure ne a ce Yesu da manzanninsa basu mallaki komai ba, ita kuma Kilara, macen da ta bi sawun Faransis, sai da ta dage har Paparoma ya ba ta takarda a 1228 cewa babu mai tilasta wa gidansu karɓar kadara. Kuma ba kowane Kirista ne ya yarda da wannan hanya ba, 'yan cocin Ekwa da ke ƙauyen gaba fastocinsu da matansu da gonakinsu, ko a Katolika ma Fada na dayosis, wato wanda ke aiki a ƙarƙashin Bishof na yankinsa, baya ɗaukar alkawarin talauci zai iya mallakar motarsa, sai wanda ya shiga ƙungiyar zuhudu.

Da hantsi muka je gaida katikis a gidansa, tsoho ne mai tsagen Maguzawa a kumatu, yana zaune gindin rumbu yana gyaran lauje, autanmu na gefensa suna ta hira kamar sun shekara tare. Ƙawata ta durƙusa tace Baba ina kwana, ta gaya masa hirar da muka kwana yi. Yayi murmushi yace Sista kin san ni bana ɓoye miki, talaucinku mai rufin kwano ne, in kin kwanta ciwo mota zata zo ta kai ki Kano, in kin tsufa akwai gidan da za a ajiye ki, ni kuwa rumbun nan in ya ƙare a watan Yuli ya ƙare, bana ma buhun taki ya gagare ni rabi na saya, ku kun zaɓa ne mu kuwa a ciki aka haife mu. Na zaci zata kare kanta, sai tace Baba gaskiya ka faɗa, shi yasa bana yarda a ce min matalauciya a gabanka, naku ba abin so bane abin yaƙa ne, namu in bai rage muku naku ba to ado ne kawai muka yi. Yace to ai shi yasa bamu kore ku ba, suka yi dariya, ya sa jikarsa ta kawo mana dafaffiyar gyaɗa.

Maganar tsohon nan ta tsaya min, dan nima tun a daren na fara wannan tunanin. Mu a addininmu babu zaman ƙin aure, kuma Manzon Allah (SAW) ya nemi tsari daga talauci, hannun da yake bayarwa ya fi mai karɓa, ban ga abin da zai sa in so 'yata ta hana kanta ikon kai wa uwarta zane ba, wannan na faɗa wa ƙawata a gabanta kuma ta fahimce ni. Amma zuhudu ba baƙonmu bane, tun muna Islamiyya ake karanta mana cewa wadata ba yawan dukiya bace wadatar zuci ce, ana ba mu labarin Shehu Usmanu Ɗanfodiyo da daula a hannunsa amma yana tufka igiya dan ya ci guminsa, sai dai ni a labari na san shi, ban taɓa shiga ɗakin wani mai rai na ga zuhudu a jikin ƙusa guda uku ba sai a ƙauyen nan, kuma a unguwarmu wata ɗaya anko uku ake fitarwa, wadda bata yi ba a daina gaisawa da ita.

Ranar Lahadi da sassafe kafin su shiga coci muka yi sallama, ƙawata ta je ta nemi izini aka ba ta kwano biyu na gyaɗa daga gonar gida da ƙullin kuka ta ba ni, tace ki yi haƙuri ba ni na ba ki ba gida ne ya ba ki. Muna jiran masu acaɓa na tambaye ta ko dokarsu ta hana ni in yi wa Inna kyauta, ta kalle ni idonta ya ciko tace babu abin da ya hana. A bayan takardar magani ta zana min kwatancen ƙauyensu da inda zan sauka da lambar ƙaninta.

Dawowa babu cunkoso a Wudil, shinge biyu kawai muka tarar, kafin azahar muna gida, duka tafiyar mu biyu ta ci min wajen dubu ashirin da biyu banda tsaraba. Jiya na koma Kwari wurin mai shagon nan, shuɗin ya ƙare sai irinsa mai ratsin fari, na saya, na kira ƙanin nata yace Inna tana nan lafiya kuma in bari sai an gama sussukar dawa hanya ta fi daɗi, mun tsayar da Asabar ta sama.